Uwa Ta Ƙone Nata, 'Ya Ta Riƙe Nata A Ka

Duk sa'ad da na ce wa matar aure ta ɗauki alƙalami ta rubuta abin da ke ranta, amsa ɗaya nakan ji: ga girki, ga wanki, ga goyo, yaushe mutum zai zauna? Ban ce ƙarya ba ne. Amma makon nan ina so in ba ku labarin wata baƙar mace ta ƙasar Amurka, sunanta Lucille Clifton, marubuciyar waƙoƙi ce kuma malamar koyar da rubutu, ku auna da kanku. Waƙar da nake nufi fa ba ta kiɗa da rawa ba ce, rubutacciya ce, irin wadda akan buga a littafi a karanta.

An haife ta ran 27 ga Yuni, 1936, a wani ɗan gari da ake kira Depew cikin jihar Niyok, ta girma a birnin Buffalo. Ubanta ma'aikaci ne a masana'antar ƙarfe, uwarta kuwa, Thelma, aikin wanki da guga take yi. Su biyun ba wanda ya yi nisa a makaranta, amma gida ne na karatu da hira. Uban gwanin ba da labari ne. Shi ya riƙa gaya wa 'ya'yansa labarin kakar kakansu, Caroline, wadda aka kama tana yarinya a ƙasar Dahome, watau Jamhuriyar Binin ta yanzu, aka ƙetare teku da ita cikin bauta. Kun ga ashe jininta ba shi da nisa da mu.

To, ga inda labarin ya taɓa mini zuciya. Ita Thelma tana rubuta waƙoƙi a gida, tana karanta wa 'yarta. Ana nan sai ta sami damar a buga mata waɗansu daga ciki. Maigidanta ya ce sam bai yarda ba. Ba ta ja da shi ba. Ta tattara takardunta, ta nufi tanderun da suke hura wa gawayi domin ɗumama gida lokacin sanyi, ta zuba su ciki. Yau ba wanda zai iya cewa waƙoƙin nan masu kyau ne ko marasa kyau, gama wuta ba ta bar ko shafi ɗaya da za a duba ba. Abin da ya fi ba ni mamaki shi ne, mutumin da ya hana ɗin ba maƙiyin magana mai daɗi ba ne, shi ne fa mai labarin Dahome. Yana son a saurare shi, bai so a saurari matarsa ba. Thelma ta rasu cikin 1959 tana da shekara 44. Lucille ba ta manta da wutar nan ba har ƙarshen ranta, ta kuwa rubuta waƙa musamman a kanta.

Ita kanta Lucille ta sami tallafin karatu ta shiga Jami'ar Howard a Washinton cikin 1953, amma bayan shekara biyu ta fita ba ta gama ba, domin darussan da ba ta so ba ta mai da hankali gare su. 'Yan makaranta, kada wata ta ce ai Malama ta ce a yi haka. Fitar nan ba ta sauƙaƙa mata kome ba, aikin akawu ta koma yi a ofishin gwamnati, kuma sai da ta shekara goma sha huɗu kafin littafinta na fari ya fito.

Cikin 1958 ta auri Fred Clifton, malamin falsafa. Allah ya ba su 'ya'ya shida bi da bi, mata huɗu da maza biyu. Sa'ad da littafin nan na fari, Good Times, ya fito cikin 1969, ba ɗaya daga cikin yaran da ya kai shekara goma. Wadda ta taɓa goyo da ciki da mai rarrafe gaba ɗaya ta san abin da wannan ke nufi. Duk da haka jaridar New York Times ta sa littafin cikin goma mafiya kyau na shekarar.

Ƙaƙa ta yi? Ba ta da ɗakin karatu, ba ta da sa'o'in da za ta rufe ƙofa. Sai ta koyi shirya waƙa a ka. Tana wanka wa yaro tana juya kalma, tana kan murhu tana sauya wata, har waƙar ta kusa nuna tukuna ta sami zama ta sa ta a takarda. Ita da bakinta takan danganta gajartar waƙoƙinta da yawan 'ya'yanta, watau abin da kai zai iya riƙewa har dare shi ne tsawon waƙa. Shi ya sa da yawa cikin waƙoƙinta ba su wuce layi ashirin ba. Kalmominta na yau da kullum ne, ba ta cika sa manyan baƙaƙe ba, alamomin tsayawa ma kaɗan ne. A kan me take rubutu? A kan uwarta, da haihuwa, da ɓarin ciki, da jikin mace, da bayin da aka binne ba suna a kabarinsu, daga baya kuma da ciwon dajin nono da ya same ta. Waɗansu sun ɗauka abin nata mai sauƙi ne. Ni da na tsaya gaban allo ina koya wa yara insha'i, na san cika shafi uku ya fi sauƙi bisa faɗin magana cikin layi takwas ba a bar kome a baya ba.

Ta kuma rubuta littattafan yara wajen ashirin, domin yaran baƙar fata na Amurka ba safai suke ganin irinsu cikin littafi ba. Takwas daga ciki labarin wani yaro ne, Everett Anderson. Wanda ya fito cikin 1983 yana nuna yadda yaron ya yi jimamin mutuwar ubansa. Shekara ɗaya bayan haka nata mijin ya rasu, yana da shekara 49.

Wajen koyarwa kuwa, ta fara a Kwalejin Coppin ta Baltimore daga 1971 zuwa 1974, ta koyar a Jami'ar Kalifoniya da ke Santa Cruz daga 1985 zuwa 1989, sa'an nan ta daɗe a Kwalejin St. Mary's ta jihar Maryland da matsayin babbar farfesa. Jihar Maryland ta naɗa ta mawaƙiyar jiha daga 1979 zuwa 1985. Cikin shekara ta 2000 littafinta Blessing the Boats ya ci babbar kyautar littattafai ta ƙasar Amurka.

Kada ku zaci girma ya kare ta daga wahala. Cikin 1980, tana riƙe da sarautar mawaƙiyar jiha, aka ƙwace gidansu na Baltimore saboda bashi. Ciwon ƙoda ya kama ta har sai da aka dasa mata wata. Biyu daga cikin 'ya'yanta sun riga ta rasuwa. Ita kuma ta rasu ran 13 ga Fabrairu, 2010, daidai ranar watan da uwarta ta rasu shekara 51 da suka wuce.

Gidan nan da aka ƙwace, babbar 'yarta ta sake sayensa cikin 2019, ta buɗe shi domin marubuta da masu zane su riƙa zuwa suna koyo suna aiki. A cikinsa ne yara shidan nan suka yi ta guje-guje sa'ad da uwarsu ke riƙe da waƙa a ka.

Sai mako mai zuwa.