Ajiyar Wasanmu Ba Kayan Haya Ba Ce

'Yan uwa marubuta, wannan makon za mu taɓo wata cuta da ake yi wa masu buga gem a gida, wadda muka daɗe muna kawar da kai daga gare ta.

A zamanin PlayStation 2, ɗan memori mai 8MB ne ke riƙe da duk inda ka tsaya a wasa. Ka zare abinka, ka jefa aljihu, ka tafi gidan aboki. PS4 ma ta bari a kwafe ajiyar a filash. Amma PS5 da ta fito a 2020 ta ƙuntata wannan ƙofa ga wasanninta: ba a kwafe ajiyar wasa ɗaya-ɗaya a filash, sai dai ka biya kuɗin PlayStation Plus a adana maka a intanet, ko ka kwafe ajiyoyin na'urar gaba ɗaya a dunƙule. Nintendo Switch ita ma ba ta yarda a kwafe ajiya a memori, kuma idan rajistarka ta ƙare, kwana 180 kacal ake jiran ka.

To, ranar da na'ura ta rikice har mai gyara ya ce sai an goge komai a mayar da ita sabuwa fa? Wahalar watanni ta bi ruwa ke nan.

Masu kare kamfanonin na cewa don hana maguɗi ne. Ba mu gamsu ba. Xbox na adana wa kowa a intanet kyauta, kuma ba ta durƙushe ba.

Mu da muka san zafin ɓatan babi guda na littafi bai kamata mu raina wannan ba. Wanda ya yi gumi shi ke da abu. Kafin mu sayi na'ura, mu tambaya: a hannun wa ajiyarmu za ta kwana?