Waiwaye: Masallacin ƙasa da maginansa

Tun da aka ƙirƙiro Jihar Kebbi a 1991 Birnin Kebbi ke ta faɗaɗa, har ya zo ya haɗe da Gwadangaji. Cikin abubuwan da wannan bunƙasa ta fara lashewa akwai ɗan masallacin ƙasa na ƙofar gida. Da zarar mai hali ya tashi neman lada, sai a ture tsohon a ɗora na bulo da kwano. Niyya ce mai kyau, Allah ya karɓa. Amma ni a ganina muna rushe abin da ba mu tsaya mun dube shi da kyau ba.

A dubi yadda ake tayar da shi. Za a haƙo jar ƙasa, a kwaɓa ta da ruwa da ciyawa, a tattake, a bar ta kwanaki ta jiƙu. Sannan a mulmula tubali da hannu, mai faɗin gindi da tsinin kai, a shanya a rana. Magini na bisa bango, yaronsa na jefa masa tubali ɗaya bayan ɗaya yana cafewa. Bangon kan fara da kauri daga tushe, yana hawa yana sirancewa, don ya iya ɗaukar nauyin kansa.

Gwanintar tana wajen rufi. Azara, wato itacen giginya da aka tsaga, gara ba ta cin ta da sauƙi, sai dai idan tazarar bango da bango ta yi yawa takan lanƙwashe a ƙarƙashin nauyin ƙasa. Dabarar da magina suka fito da ita ita ce bakan gizo: a dasa azara cikin bango, a ɗaure wata a kanta ta ɗan leƙo gaba, a ƙara wata, har na wannan gefe su sadu da na wancan a tsakiya, sai a lulluɓe su da ƙasa. A kan haka ake ɗora tulluwa, a fitar da indararo don ruwa ya zuba nesa da gindin bango, a shafe waje da makuba ta ɓawon ɗorawa. Duk wanda ya taɓa yin azahar a irin wannan ɗaki a watan Afrilu, lokacin da zafin ƙasar Kabi ke kan ganiyarsa, ya san sanyin da nake nufi, ba fanka ba lantarki.

Ƙololuwar wannan fasaha ita ce Masallacin Juma'a na Zariya, wanda Babban Gwani Muhammadu Durugu ya gina a shekarun 1830, zamanin Sarkin Zazzau Abdulkarim. Masana gini na ƙasashen waje sun yi ta zuwa suna auna bakunansa. A shekarun 1970 aka kewaye shi da sabon gini na siminti. Ranar Juma'a 11 ga Agusta 2023, ana cikin sallar la'asar, wani sashe nasa ya rufta, aka yi asarar rayuka. Allah ya jiƙansu. Na ji masu cewa ai ga abin da ginin ƙasa ke jawowa. Ban yarda ba. Ginin da ya kusa shekara 190 a tsaye bai gaza ba. Ƙasa dai tana da sharaɗi, tana son a duba ta kowace shekara kafin damina, a toshe tsaga, a sake yaɓe, a gyara indararo. A Jenne ta ƙasar Mali, gari guda ke fitowa duk shekara don yaɓen babban masallacinsu, wanda aka sake ginawa a 1907.

Mu nan muna da misalai biyu a kusa, na ginin da aka bari da wanda aka kula da shi. Surame, birnin da Muhammadu Kanta ya gina a ƙarni na 16, an tashi daga cikinsa a farkon ƙarni na 18, kuma abin da ya rage a yau galibi ganuwar dutse ce a cikin daji. Tsohuwar fadar Argungu kuwa, da sarki ya koma sabon gida ba a bar ta kango ba, aka mayar da ita Gidan Tarihi na Kanta a 1958, ga ta nan ana shiga ana fita. Ginin da mutane ke cikinsa ake gyarawa.

Kada kuma a ce zamanin ginin ƙasa ya wuce. A ƙauyen Yama na jihar Tawa a Nijar, maginin garin, Falke Barmu, ya fara masallacin Juma'a da ƙasa a 1962, jama'a suka taya shi da ɗebo ruwa da kwaɓa ƙasa. A 1986 ginin ya ci lambar yabo ta Aga Khan ta fasahar gine-gine.

Abin da nake roƙon dattawan unguwanninmu ba mai tsada ba ne. Idan jama'a sun yi yawa, a gina sabo a gefe ko a faɗaɗa haraba, a bar tsohon ya zama makarantar allo ko wurin karatun manya. A nemo tsofaffin maginan da suka rage, a biya su haƙƙinsu, a haɗa su da samarin da ke aikin bulo su koya musu ɗaurin azara. Yawancin waɗanda suka iya bakan gizo sun manyanta, kuma sana'ar a hannunsu take, ba a takarda ba.