Daga Basic Instinct zuwa Hiyana: Tambayar da masu tace fina-finai ba sa yi

A watan Yulin 2025 kafofin labarai na Amurka suka ruwaito cewa kamfanin Amazon MGM ya sayi haƙƙin sake shirya fim ɗin Basic Instinct, kuma Joe Eszterhas, wanda ya rubuta na farko, shi ne zai sake riƙe alƙalami yana da shekara 80. A wurin matasan da ke zama gaban kwamfuta a Babbar Kasuwar Katsina suna tura wa jama'a fina-finai a waya, wannan labari ba ya nufin komai illa sabon kaya yana tafe. Sai dai fim ɗin yana ɗauke da wata tsohuwar rigima wadda Arewa ta ɗanɗana irinta, kuma har yau ba ta warware ta ba.

An fitar da Basic Instinct a watan Maris na 1992, ƙarƙashin jagorancin Paul Verhoeven, ɗan ƙasar Holan. Labari ne na wani ɗan sandan San Faransisko, Michael Douglas, da ke binciken wata marubuciya, Sharon Stone, wadda ake zargi da kashe saurayinta da tsinken fasa ƙanƙara, har ya faɗa tarkon sonta. Eszterhas ya karɓi dala miliyan 3 kuɗin rubutu, fim ɗin kuma ya tara sama da dala miliyan 350 a duniya. Tun ana ɗaukarsa aka yi ta zanga-zanga a kansa, kuma sai da aka datse wasu daƙiƙoƙi kafin hukumar tantance fina-finai ta Amurka ta sassauta masa. Salonsa na haɗa kisa da sha'awa ya haifi 'ya'ya har a Indiya, inda Jism na 2003 da Murder na 2004 suka sauya fuskar fina-finan da Bahaushe ya saba gani na rawa a cikin furanni.

Shekaru da dama muhawarar ta tsaya a kan abin da aka nuna. Sharon Stone ce ta karkatar da ita. A littafin tarihin rayuwarta na 2021 ta ce yaudararta aka yi wajen ɗaukar fitowar nan ta ɗakin tambayoyi da ta fi kowace suna, domin an tabbatar mata cewa tsiraicinta ba zai fito ba, sai kawai ta gan shi a allo cikin taron mutane, har ta mari daraktan. Verhoeven ya musanta, ya ce da saninta aka yi. Ta kuma bayyana cewa dala dubu 500 aka biya ta, abokin wasanta kuwa dala miliyan 14. A 2023 ta ƙara da abin da ya fi ciwo: a shari'ar riƙon ɗanta, alƙali ya kawo zancen irin fina-finan da take yi, kuma ta rasa riƙon yaron. Darakta da marubuci da jarumi duk sun ci gaba da harkokinsu.

Wanda ya san Kano ta 2007 ba zai ji wannan a matsayin baƙon labari ba. A shekarar ce wani bidiyo na sirri na 'yar wasan da aka fi sani da Maryam Hiyana ya bazu daga waya zuwa waya. Ba fim ba ne, ba kamfani ne ya shirya shi ba, ba kuma don kasuwa aka ɗauke shi ba. Duk da haka masana'antar fim ce ta sha hukunci. Gwamnatin Malam Ibrahim Shekarau ta ɗora Abubakar Rabo Abdulkarim a kan Hukumar Tace Fina-finai, wadda aka kafa a 2001, aka dakatar da ɗaukar fim na wasu watanni, aka ɗaure Adam A. Zango kan faifansa na Bahaushiya, sannan a ƙarshen 2008 aka ɗaure Hamisu Lamido Iyan-Tama. Ita kuwa yarinyar dole ta ɓoye, sunan fim ɗinta ya zama abin zagi a bakin gari. (Abin mamaki, a daidai lokacin hotonta ya cika bayan motocin haya, alamar cewa talakawa ba su yanke hukunci iri ɗaya da hukuma ba.) A 2016 ƙungiyar MOPPAN ta kori Rahama Sadau saboda fitowarta a bidiyon waƙar ClassiQ, kuma nauyin ya fi sauka a kanta fiye da duk wanda ya shirya aikin.

A nan ne Babbar Kasuwa ke da abin faɗa. Mai tura fim ba ya buƙatar izinin hukumar tacewa kafin ya zuba na Amurka ko na Indiya a katin waya, kuma babu jami'in da zai gurfanar da Verhoeven a kotun tafi-da-gidanka. Takobin tacewa yana kaiwa ne kawai ga wanda hannu zai iya kamawa, wato ɗan fim na gida, musamman mace. Ta wannan hanya kuma, ta kwamfuta da WhatsApp da TikTok, bidiyon sirri na wata baiwar Allah ke yawo idan tsohon saurayi ya so ɗaukar fansa, kuma a 2020 bidiyon sirri na wasu 'yan wasan Kannywood ya bazu.

Jama'a na da haƙƙin damuwa da abin da 'ya'yansu ke kallo, kuma gwamnatin Malam Dikko Radda ta kafa Hisba a Katsina da sunan wannan damuwa. Amma tambayar “me aka nuna?” ba ta isa ba idan ba a haɗa ta da “wa ya yarda a nuna, wa ya fitar?” ba. Nijeriya na da dokar laifukan intanet ta 2015, wadda aka yi wa gyara a 2024, da dokar kare bayanan sirri ta 2023. Musulunci ma ya tsananta a kan bin diddigin aibun mutane da yaɗa alfasha. Duk da haka, a rigingimun da suka gabata, sunan wadda aka tona wa asiri ne kowa ya haddace, ba na wanda ya fara turawa ba.

Da aka tambayi Sharon Stone game da sabon shirin na Amazon, cikin gatse ta yi musu fatan sa'a.