Shayin tazargade ba zai maye gurbin maganin cizon sauro ba

Da zarar damina ta sauka, saƙonnin nan sukan dawo a WhatsApp: a tafasa tazargade, a sha kwana bakwai, an rabu da masassara. Wasu ƴan uwa mazauna ƙetare ma har aiko busasshen ganyen suke yi, da kyakkyawar niyya.

Matsalar farko ita ce sunan. Tsirrai da yawa ne ake kira Artemisia, kuma ba ɗaya suke ba. Artemisia afra, ɗan itace mai ɗaci da ƙamshi, a tsaunukan Afirka yake fitowa, daga Habasha har Afirka ta Kudu, inda aka daɗe ana shan sa don tari da mura. Wanda ya ba duniya maganin zazzaɓi kuwa Artemisia annua ne na ƙasar Sin, wanda Tu Youyou ta fitar da sinadarin artemisinin daga cikinsa, ta samu kyautar Nobel a 2015. Na tsaunukan Afirka kusan ba shi da wannan sinadari. Mai sayen ƙullin ganye a kasuwar Maradi ko Damagaram bai san wanne aka ba shi ba.

Ko da na Sin ɗin ne, ƙarfin shayi yana bambanta da irin ƙasar da aka shuka shi, da yadda aka shanya shi, da yadda aka tafasa. Idan ya yi rauni, sai ya kashe wasu ƙwayoyin cutar, jiki ya yi sanyi, iyaye su saki jiki, sauran kuma su farfaɗo. Ga yaro ɗan shekara biyu, kwana ukun da aka ɓata na iya kai shi ga jijjiga da ƙarancin jini. Shi ya sa a 2019 hukumar lafiya ta duniya OMS ta ƙi amincewa da shayin. An riga an ga ƙwayoyin da suka fara jure wa artemisinin a Ruwanda da Yuganda da Eritiriya.

Laifin ba na iyaye kaɗai ba ne. Uwar da ta je likita aka ce magani ya ƙare, dole ta nemi abin da ke kusa. Tun 2006 Nijar ta ce kula da yara ƴan ƙasa da shekara biyar kyauta ne. A watan Agusta da Satumba ake gane ko haka ne. Ɗan uwa da ke Abidjan ko Agadas kuma, jikar da zai kashe wa ganye gara ya tura ta a yi wa yaron gwajin jini.