Matan Manyan Ingila A Zamanin Da

Duk wanda ya zauna a aji ya koyi labarin ƙasar Ingila ya san yadda a kan bi da shi. Sarki wane ya hau, ya yi yaƙi da Faransa, ya mutu, ɗansa ya gaje shi. In an ambaci mace sai a ce 'yar wane ce, ko matar wane, ko uwar wane, shi ke nan a wuce. Sabo da haka yaro ya kan bar makaranta yana tsammani matan sarakuna da na manyan hakimai na can ba su da wani aiki sai sa tufafin alharini, su zauna ana yi musu fifita. A ganinmu wannan kuskure ne mai hasara, gama cikin labarin matan nan akwai abin da ya kamata kowane malamin makaranta da kowane akawu ya tsaya ya duba. Zamanin da mu ke nufi kuwa shi ne tun daga wajen 1300 har zuwa wajen 1500.

Bari mu fara da shari'ar ƙasar. A Ingila ta wancan zamani, ran da aka ɗaura wa mace aure, ran nan dukiyarta ta fita hannunta. Kuɗinta da kayanta sun zama na miji, filayen da ta gada kuwa shi ke riƙonsu, yana cin amfaninsu muddin suna tare. Ba ta kai ƙara gaban alkali da sunanta ita kaɗai, ba ta yin wasiyya sai da yardarsa. Mai karatu wanda ya saba ganin sadaki da gado suna zama mallakar mace ita kanta zai yi mamaki, amma haka abin ya ke, ba a kuwa gyara shi sosai ba sai da majalisar ƙasar ta yi doka cikin 1882. Sai fa in mijin ya rasu. Sa'an nan ne ta kan sami sulusin filayensa ta ci har iyakar ranta, nata na gado su komo hannunta, ta yi ciniki, ta kai ƙara, ta buga hatiminta a takarda. Watau ƙofar 'yanci guda ce aka bar mata, ita ce mutuwar miji.

Har wa yau, in babban hakimi ya mutu bai bar ɗa namiji ba, 'ya'yansa mata ke raba ƙasarsa daidai wa daida. In marayu ne ƙanana, Sarki ke riƙonsu, yana kuma da ikon ba da aurensu ga wanda ya so, ko ya sayar da wannan iko ga mai kuɗi. To, yarinyar da ta gaji garuruwa ta zama nama a bakin kuraye.

Ga misalin Elizabeth de Burgh, jikanyar Sarki Edward na Ɗaya, wadda aka haifa cikin 1295. An yi mata aure tana shekara 13, mijin ya rasu cikin 1313. Shekara na zagayowa aka kashe wanta a yaƙin Bannockburn, ita da 'yan'uwanta mata biyu suka zama magadan ɗaya daga cikin gidaje mafiya arziki a ƙasar. Cikin 1316 wani hakimi, Theobald de Verdun, ya ɗauke ta daga garin Bristol ya aure ta ba da iznin Sarki ba, bai yi wata shida ba ya mutu. Tun cikin 1215 an rubuta a babbar takardar alkawari, wadda hakimai suka tilasta wa Sarki John ya buga wa hatimi, cewa ba za a tilasta wa matar mamaci ta sake aure ba. Duk da haka kawunta, Sarki Edward na Biyu, ya matsa mata har ta auri wani na hannun damansa, Roger Damory. Shi ma ya yi wa Sarki tawaye daga baya, ya mutu cikin 1322, aka tsare ta da 'ya'yanta, mijin yayarta Hugh Despenser ya ƙwace mata ƙasar Usk da ke Wales. Miji uku ta binne ba ta cika shekara 27 ba.

Ga kuma Margaret Beaufort, wadda aka haifa cikin 1443. Ubanta ya rasu tana jaririya. Aka ba da ita ga Edmund Tudor cikin 1455, tana shekara 12, gama dokar coci ta yarda da auren yarinya a wannan shekara. Ya mutu cikin 1456 ya bar ta da ciki, ta haihu a garin Pembroke cikin watan Janairu na 1457, tana shekara 13. Da ƙyar ta sha, ko da ya ke kuwa ta yi aure biyu bayan wannan, ba ta ƙara haihuwa ba har ta mutu.

Kada wani ya ce ai in mace ta kai ga gidan Sarki ta tsira. Cikin 1419 aka tuhumi Sarauniya Joan, matar uban Sarki Henri na Biyar, da yi masa sihiri. Ba a taɓa kai ta gaban shari'a ba. An dai tsare ta, rabon da mijinta ya yanka mata, fiye da fam 6,000 a shekara, ya koma baitulmalin Sarki, a lokacin da yaƙin Faransa ke cin kuɗi. Da Sarki ya kusa mutuwa cikin 1422 sai ya ce a sake ta. Mai hankali ya san inda aka dosa. Cikin 1441 kuma aka kama Eleanor Cobham, matar baffan Sarki Henri na Shida, da laifin neman masu duba su gaya mata ko Sarki zai mutu. Aka raba aurenta, aka sa ta taka titunan Landan a ƙasa har sau uku, kai ba lulluɓi, tana riƙe da kyandir, jama'a na kallo, sa'an nan aka tsare ta har ta rasu cikin 1452. Ashe sarauta kyan ɗan maciji gare ta.

To, in asali bai tsare su ba, mene ne ya tsare waɗanda suka tsira? Amsarmu ita ce sanin sha'anin dukiyarsu, da riƙon takarda.

Gidan babban mutum a zamanin nan kamar ƙaramar hukuma ya ke: akwai wakili, da ma'aji, da masu karɓar kuɗin gonaki, da akawuna, da barori barkatai. Maigida kuwa kullum yana fada, ko wurin shari'a, ko fagen yaƙi. Uwargida ke riƙe da kome. Akwai wata bazawara, Alice de Bryene, a ƙauyen Acton na lardin Suffolk, wadda littafin lissafin gidanta na 1412 zuwa 1413 ya tsira har yau. Kowace rana an rubuta burodi nawa aka ci, nama da kifi nawa, su wane ne baƙin da suka zo. Da masana suka haɗa jimla sai suka tarar an ba da abinci fiye da sau 16,500 cikin shekara guda, watau wajen 45 kowace rana. Wanda ya taɓa riƙe littafin sito ya san wannan ba aikin rago ba ne.

Margaret Paston ta lardin Norfolk ba ta kai matsayin matan manyan hakimai ba, amma wasiƙunta fiye da 100 suna nan, su ne kuwa suka fi nuna mana yadda zaman ya ke. Mijinta masanin shari'a ne, ya kan daɗe a Landan. Cikin 1448, sa'ad da wani hakimi mai ƙarfi ya ke jayayya da su a kan garin Gresham, ta aika masa ya sayo bakuna da kibau da barandami, cikin wasiƙa ɗaya kuma ta ce ya haɗo da laba ɗaya ta sukari da yadin da za a ɗinka wa yara riguna. Ba a daɗe ba mutanen hakimin suka zo. Bisa ga ƙarar da mijin ya kai, su wajen 1,000 ne, ita kuwa tana ciki da mutum 12. Ta ƙi fita, sai da suka fasa bangon ɗakin suka fitar da ita. Wani abin lura shi ne, wasiƙun nan ba da hannunta aka rubuta su ba, faɗa ta ke yi, 'ya'yanta ko barorinta suna rubutawa. Amma ta san kowace gona, da wanda ya biya da wanda bai biya ba, da alkalin da za a gani.

Mu komo kan Elizabeth de Burgh. Cikin 1326, Despenser na kan ganiyarsa, ba mai iya ɗaga masa murya, sai ta kira shaidu a ɓoye, ta sa aka rubuta takarda mai bayyana cewa ba da son ranta ta rabu da Usk ba, tilasta mata aka yi. Kafin shekarar ta ƙare an kashe Despenser, ƙasarta ta komo mata. Tun rasuwar Damory ta zauna ba miji har ta rasu cikin 1360, shekara 38 ke nan tana mulkin filayenta da kanta, takardun lissafin gidanta kuwa suna nan ajiye da yawa.

Ita ma Margaret Beaufort haka. Ɗanta ya yi shekara 14 yana gudun hijira a hayin teku, tana ta aike-aike a asirce, har Sarki Richard na Uku ya gane, ya karɓe filayenta ya danƙa wa mijinta. Cikin 1485 ɗan ya ci yaƙin Bosworth, ya zama Sarki Henri na Bakwai. A shekarar nan majalisa ta yi doka domin ita kaɗai, cewa ta riƙe dukiyarta, ta kai ƙara da sunanta, kamar ba ta da miji, alhali kuwa mijin na da rai. A duba fa: uwar Sarki ce sukutum, amma sai da aka yi mata doka ta musamman kafin ta mallaki abin da ya ke nata.

Me suka yi da ikon da suka samu? Elizabeth ta ɗauki nauyin wata makaranta matalauciya a Kambirij cikin 1338, ta ba ta filaye, ta rubuta mata dokoki cikin 1359, har ta yanka cewa a riƙa koyar da yara matalauta 10 kyauta. Ita ce kwalejin Clare. Margaret ta juya littattafan addini biyu daga Faransanci zuwa Ingilishi, ta taimaki William Caxton, wanda ya kawo injin ɗab'i Ingila cikin 1476, ta kafa kwalejin Christ's cikin 1505, aka kuma kafa ta St John's da dukiyarta cikin 1511, shekara biyu bayan rasuwarta. Ba ta kuwa manta da wuyar da ta sha ba. Jakadan Sifen ya rubuta cikin 1498 cewa ita da surukarta sun ƙi yarda a kai jikanyarta, wadda ba ta cika shekara 9 ba, gidan Sarkin Sikotlan, don tsoron kada a cuci lafiyarta. Ba ta hana auren ba, amma ba a kai yarinyar ba sai 1503.

Mai yiwuwa wani ya ce, ina ruwanmu da kukan masu hannu da shuni? Matan talakawan da ke noma gonakinsu ai sun fi su shan wuya, ba wanda ya rubuta sunansu. Wannan gaskiya ne, ba mu musu. Ba ma cewa matan nan waliyyai ne. Ita Margaret Beaufort an san ta da bin bashi ba sassauci, Margaret Paston kuwa ta rufe wa 'yarta ƙofa cikin 1469 don ta auri wakilin gidansu. Amma maganar ta ƙara ƙarfafa tamu ne. In jikanyar Sarki a kan ɗauke ta kamar kaya a kai gidan miji, ina ga 'yar manomi? Dokar da ta sa mace ba ta zama cikakkiyar mutum sai a bakin kabarin mijinta mugunyar doka ce, ko wace ƙasa ta yi ta. Ƙoƙarin da matan nan suka yi bai wanke dokar ba, sai dai ya nuna yawan abin da ƙasar ta yi hasara wajen sauran da ba su sami ƙofa ba.

Sabo da haka muna roƙon malamai, in kun zo kan yaƙin Bosworth, kada ku tsaya ga Sarkin da ya ci da wanda ya faɗi. Ku gaya wa yara, maza da mata, labarin yarinyar da ta haihu tana shekara 13, ta zo ta gina makarantu. Ku kuwa akawuna, ran da aikin cika littafi ya gundure ku, ku tuna akawun Acton bai san za a karanta lissafin burodinsa bayan shekara 600 ba, ga shi kuwa yau shi ne shaidar uwargijiyarsa. Wanda kuma Allah ya ba 'ya mace, ya lura da abin da ya fisshe su Elizabeth ran da iyaye da mazaje suka ƙare. Gado a kan ƙwace shi, miji ya kan mutu, amma wadda ta san lissafin abinta, ta kuma san takardar da za ta nema, da wuya a cuce ta sau biyu.