Kwamared Yana Majalisa, Kakuri Tana Jira

Duk wanda ya san Kakuri ta Kaduna a zamanin da jiniyar masaƙu ke tayar da mutane tun kafin fitowar rana, ma'aikata suna kwarara bisa kekuna, masu koko da ƙosai suna dakonsu a bakin ƙofa, lalle ya san irin makarantar da ta reni Adams Aliyu Oshiomhole, ɗan Iyamho ta ƙasar Auchi, wanda ya kama aiki a masaƙar Arewa Textiles yana saurayi, 'yan'uwansa ma'aikata suka ga yana da baki da zuciya suka sa shi gaba, har a shekarar 1982 ya zama babban sakataren ƙungiyar ma'aikatan masaƙu ta ƙasa baki ɗaya.

Da ya karɓi ragamar ƙungiyar ƙwadago ta NLC a 1999, sai ya zame wa gwamnatin Obasanjo ƙarfen ƙafa, domin kuwa a watan Yunin 2000, sa'ad da aka ɗaga litar fetur daga Naira 20 zuwa 30, ya kira yajin aikin gama-gari, kasuwanni da ofisoshi suka rufe, ala tilas hukuma ta sauko zuwa 22. Daga nan siyasa ta ɗauke shi: gwamnan Edo daga 2008 zuwa 2016, shugaban jam'iyyar APC a 2018, sannan sanata mai wakiltar Edo ta Arewa a 2023, inda ya yi rantsuwa makonni biyu kacal bayan gwamnatin jam'iyyarsa ta janye tallafin man da ya sha ƙona takalmi a titi saboda shi.

Akwai masu cewa wannan cin amana ne ƙarara. Ni ban tafi a kan haka ba, gama malamanmu na fiƙihu sun tabbatar cewa fatawa takan sauya da sauyawar zamani da hali, kuma aikin shugaban ƙwadago shi ne ya ƙi, alhali aikin ɗan majalisa shi ne ya zauna da wanda ya ƙi ɗin su tsara doka. Hujjar da nake da ita a kansa wata ce dabam, kuma ta fi wannan nauyi.

Masaƙar KTL, wadda gwamnatin Sardauna ta assasa a 1957, ta rufe ƙofa tun 2002. Sauran suka bi ta ɗaya bayan ɗaya, sakamakon tsadar lantarki da baƙin mai, da atamfar fasa-ƙwauri da ta cika Kantin Kwari, har manomin auduga na Funtuwa da Gusau ya rasa wanda zai saya. Tsofaffin ma'aikatan da suka ɗaga hannu suka zaɓi Kwamared Oshiomhole tun ba a san sunansa ba, da yawa sun riga mu gidan gaskiya ba tare da an biya su haƙƙinsu na sallama ba, marayunsu na nan suna jira. Shi kuwa, ba wanda ya kai shi sanin wannan ciwo a duk zauren Majalisar Dattawa, kuma yau yana da abin da bai taɓa samu ba a kan titi, wato ikon gabatar da ƙuduri da gayyato minista ya amsa tambaya.

Saboda haka muna kira ga Kwamared, da girmamawa, ya tara sanatocin Arewa a kan dokar farfaɗo da masaƙu, ya kuma matsa wa gwamnoninmu, waɗanda KTL mallakarsu ce, su biya waɗannan bayin Allah haƙƙinsu.