Sauyin Wurin Aiki Da Baki: Malami, Ina Takardarka?

Saura mini 'yan watanni in gama difloma, kuma na san da yawanmu koyarwa za mu fara da ita kafin Allah ya kawo wani abu. Shi ya sa nake so mu yi wannan magana tun yanzu.

Yayana malamin firamare ne a ƙasar Yauri. Wata rana wani jami'i ya kira shi a waya ya ce an mayar da shi wani ƙauye a bakin tafkin Kainji, ya tafi kawai, takarda za ta biyo baya. Ya tattara ya tafi, yana shiga kwalekwale duk Litinin. Takarda shiru. Da aka zo tantance ma'aikata, tsohuwar makarantarsa ta ce ya bar ta, sabuwar kuma babu sunansa a rajista. Wata biyar ba albashi. Mun je wurin lauya, tambayarsa ta farko ita ce: "Ina takardar sauyin?" Nan maganar kotu ta mutu.

Shari'ar aiki a ƙasar nan ta Kotun Ma'aikata ta Ƙasa ce, bisa sashe na 254C na tsarin mulki. Amma kotu fa ba ta jin "wallahi shi ya ce in tafi". Takarda take karantawa. Ko masu takardar ma ba su sha da daɗi ba. A Kaduna, a 2017, gwamnatin Nasir El-Rufa'i ta ce malamai 21,780 sun faɗi jarrabawar 'yan aji huɗu. Ƙungiyar malamai ta NUT ta garzaya kotu, ta samu umarnin a dakata, amma a Janairun 2018 aka raba takardun sallama, har aka shiga yajin aiki. To idan ƙungiya guda da lauyoyinta ta ga haka, ina ga malami ɗaya a Shanga da ba shi da kuɗin motar zuwa Birnin Kebbi?

Wani zai ce ai malamai ne ba sa son ƙauye, kowa na neman a bar shi a Yelwa. Akwai gaskiya a nan, kuma yaran masunta ma suna da haƙƙin samun malami. Sai dai mu tuna cewa a Mayun 2021 jirgin ruwa ya nutse da mutane da dama kusa da Wara, a watan Yuni kuma 'yan bindiga suka kwashe ɗalibai da malamai a Kwalejin Gwamnatin Tarayya ta Birnin Yauri. Wanda za a tura irin waɗannan wurare, mafi ƙarancin abin da ya cancanta shi ne takarda mai sa hannu, da dalili, da adadin shekarun da zai yi kafin a juyo da shi. In ba haka ba, sauyi ya zama bulalar dukan wanda ba shi da uwa a gindin murhu.

Gwamna Nasir Idris ya taɓa shugabantar NUT ta ƙasa baki ɗaya, don haka ba sai an yi masa fashin baƙi ba. Roƙona shi ne a fitar da rubutacciyar ƙa'idar sauyin malamai, a manna ta a kowace makaranta, a kuma samar da kwamitin sauraron ƙorafi kafin a kai ga kotu.

Mu kuma masu difloma, mu sani NCE ce mafi ƙarancin shaidar koyarwa, ga kuma rajistar TRCN. Galibi a matsayin malaman sa-kai za a ɗauke mu. Kafin ka riƙe alli, tambayi wa ya ɗauke ka, wa zai biya ka, kuma a rubuta. Ka yi kwafi biyu, ɗaya ka ba Inna ta ajiye a ƙasan akwati. Allah ya sa mu dace.